Fiyano da Nahawun Sauti

A wani ɗan ɗakin ɗaukar waƙa da ke bayan titin Ahmadu Bello, nan Doka, na zauna ran nan bayan la'asar ina kallon wani saurayi da fiyanonsa ƙirar Yamaha, hannunsa na hagu yana danna maɓallai uku uku a tare, abin da masu sana'ar ke kira kod, ya yi huɗu ya komo na farko, har waƙa uku suka wuce bai sauya ba, da na tambaye shi hikimar jerin, sai ya ce, “Baba, haka kowa yake yi.”

Wannan amsa ita ta hana ni sakat, domin kuwa jerin nan yana da ƙa'ida kamar yadda jumla take da nahawu. Kod ɗin da aka gina a kan sautin do shi ne gida, na fa fita ce zuwa maƙwabta, na so kuwa tamkar mubtada'i ne da ke jiran habarinsa, kunne ba ya samun natsuwa sai an komo do. Wanda ya saurari buɗin littafin kiɗan da makaɗi Bach ya kammala a 1722, inda babu kome sai kod yana bin kod, kowanne yana haifar da na gabansa bisa lalura, zai gane cewa abin ilmi ne, ba taƙalidi ba.

Amma babbar damuwata ta harshe ce. Shata da kalangunsa, Ɗan Maraya da kuntiginsa, ba su san kod ba, ba su kuwa bukace shi ba, saboda kalma ce limamin waƙarsu, kiɗa mamu ne; mu kuwa harshenmu mai hawa da sauka ne, har kukan mai hawaye da kukar miya ba abin da ya raba su sai karin murya. To, idan aka riga aka ɗaure kiɗa a kan kod huɗu, sa'an nan aka cusa baiti, tilas wata kalmar ta karye, kuma na ji ta karye sau biyu a ɗakin nan.

Ban ce a jefar da fiyano ba, ina ƙaunar sautinsa ƙwarai. Na roƙi yaron ya fara rera baitin da baki, ba kiɗa, sa'an nan ya nemi kod ɗin da zai zauna a ƙarƙashinsa. Ya yi ta laluben maɓallai har aka kira magariba.