Cocin Long Melford: Ginin da Kuɗin Ulu Ya Tayar

A ƙauyukan gabashin Ingila akwai wasu coci-coci da girmansu ya fi ƙarfin garuruwan da suke ciki. Ana ce musu cocin ulu, domin dukiyar saƙar gashin tumaki ce ta gina su. Na Long Melford da ke yankin Suffolk yana cikin fitattunsu. An rushe mafi yawan tsohon ginin, aka sake tayar da shi tsakanin 1467 da 1497, lokacin da kasuwar tufafin yankin ke ci sosai.

Ƙasar Suffolk ba ta da dutsen gini mai kyau, sai dutsen ƙyastu, baƙi mai ƙyalli, wanda yake warwatse a gonaki. Magina suka riƙa fasa shi, su jera fuskarsa mai santsi cikin ramukan da suka sassaƙa a farin dutsen da aka sayo daga nesa, har fuskokin biyu su daidaita. Da wannan dabara suka yi wa bango ado, baƙi cikin fari. Salon zamanin kuma na miƙaƙƙun layuka ne da manyan tagogi, shi ya sa gilashi ya kusa cinye bangon, haske ya cika zauren.

Abin da ya fi jan hankalina shi ne rubutun da ya kewaye ginin ta waje, can sama. Sunayen waɗanda suka biya kuɗin aikin ne, irin su John Clopton da iyalan gidan Martyn, tare da roƙon mai wucewa ya yi wa rayukansu addu'a. Kiristocin wancan zamani sun yi imani cewa mamaci yana tsayawa a wani zango na tsarkakewa kafin ya shiga aljanna, kuma addu'ar masu rai tana rage masa zaman. Saboda haka attajiri yana gina taga ko ginshiƙi, ya bar sunansa a jiki, jama'a su biya shi da addu'a. Clopton, wanda ya rasu a 1497, har ɗakin addu'a na kansa ya gina, aka sa kabarinsa dab da bagadi. Wasu za su ce nuna arziki ne. Akwai shi, ba shakka, amma tsoron lahira ya fi shi nauyi a wannan ciniki.

Cinikin bai daɗe ba. Bayan Sarki Henry na Takwas ya ɓalle daga cocin Roma, dokar 1547 ta soke wakafin yi wa matattu addu'a, aka kwashe gumaka da kayan ado. Tagogin da suka tsira yawanci na hotunan masu bayarwa ne, a durƙushe cikin tufafin alfarma. Ɗakin addu'a na Maryamu da ke gabashin ginin ya koma makaranta daga 1670, kuma jadawalin lissafin yara yana nan a bango.

Hasumiyar ce kaɗai ke yaudarar baƙo, domin sai ya ɗauka tsararar sauran ginin ce. Aradu ta lalata ta asali a farkon ƙarni na 18, aka maye ta da ta bulo, sannan aka lulluɓe wannan da dutsen ƙyastu, aikin da aka kammala a 1903.