Tsofaffin Hotuna da Baƙin Allo: Lumumba a Silima

Duk wanda ya kalli shirin talabijin a kan Patrice Lumumba ya san hoton nan na watan Disamba 1960: firaministan Kwango zaune a bayan mota, hannuwa ɗaure, soja ya damƙi gashin kansa yana ɗaga fuskarsa domin masu ɗaukar hoto su samu yadda suke so. An kashe shi a Katanga ran 17 ga Janairu 1961. Tun daga lokacin ake ta maimaita hoton, har ya zama kamar shi ne dukan rayuwar mutumin. To, waɗanda suka kama shi ne suka shirya wannan kallo, kuma mai fim da ya ɗauko shi daga ma'ajiya ba tare da tunani ba, aikinsu yake ƙarasa musu.

Raoul Peck, mutumin Haiti wanda ya yi ƙuruciyarsa a Kwango, ya gane haka. A fim ɗinsa na farkon shekarun 1990 mai suna Lumumba, la mort du prophète, ya faɗa a fili cewa hotunan tarihin Kwango suna hannun kamfanonin Turai, kuma minti-minti ake sayar da su da tsada. A wasu wurare sai ya bar allo baƙi ƙirin, murya kaɗai ke tafiya. Ya kuma cike giɓi da hotunan gida waɗanda mahaifinsa ya ɗauka. Wani zai ce talauci ne. Amma baƙin allon nan yana tilasta wa mai kallo ya tambayi wa ya ɗauki tarihi, wa ya ajiye shi, wa kuma yake cin kuɗinsa.

Johan Grimonprez na Beljiyam ya bi wata hanya a 2024 da Soundtrack to a Coup d'Etat. Shi kam ya samu hotuna jingim, ya jera su bisa kiɗan jaz, har da zuwan Louis Armstrong Leopoldville a Oktoba 1960, lokacin da Lumumba yake tsare a gidansa. Gwaninta ce, ba shakka, kuma hujjojinsa suna da nauyi. Sai dai kiɗa yana da halinsa. Akwai inda ganga da ƙaho suke jan hankali har mutum ya sami kansa yana kaɗa ƙafa, alhali kuwa abin da ke gabansa shirin kisan kai ne. A nan fim ɗin Peck, duk da ƙarancin kayansa, ya fi tsare mutuncin mamacin.