Fasinjan Tauraruwa: Karatun Littafin Umaru Dembo daga Ƙanƙara

A shekarar 1969, wadda Amurkawa suka taka duniyar wata a cikinta, kamfanin NNPC na Zariya ya buga Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo. Labari ne na wani yaro, Kilba, wanda baƙo daga sararin samaniya mai suna Kolin Koliyo ya ɗauka ya tafi da shi yawon buɗe ido. Manazarta sukan kira shi ƙagaggen labarin kimiyya na farko-farko a Hausa, su wuce. Ni kuwa ina ganin darajarsa tana ga abin da ya yi wa wata tsohuwar fargaba, rauninsa kuma yana ga mazaunin da ya ba yaron.

Bahaushe bai taɓa barin sama ba labari. Zara matar wata ce. Taurarin nan da ke cure wuri guda kaza ce da 'ya'yanta. Idan aka yi husufi, sai a ce rana ta kama wata, yara su fito da kwanoni suna kaɗawa don ta sake shi. A ƙauyukan Faskari da Sabuwa, kamar sauran ƙasar Hausa, a dandali ake gadon wannan sani, da dare, tsakanin tatsuniya da barci, har ya bi yaro cikin mafarkinsa. Amma tauraruwa mai wutsiya ba ta samu miji ko 'ya'ya a cikin waɗannan labarai ba. Baƙuwa ce mai zuwa ba sallama, don haka aka ɗauke ta alamar mutuwar babban sarki, ko yunwa, ko yaƙi. Musulunci ya riga ya kore irin wannan fassara, domin Annabi (SAW) ya bayyana cewa ba a husufi saboda mutuwar wani ko rayuwarsa. Kimiyya kuma ta ce dunƙulen ƙanƙara da ƙura ne, wanda zafin rana ke fitar masa da jela idan ya matso. Ta Halley ta bayyana a 1910 da 1986, ana kuma jiran ta a 2061. Duk da haka camfi ba ya mutuwa da hujja kaɗai; sai an ba zuciya wani labarin a madadinsa.

Wannan shi ne aikin da Dembo ya yi. Ya ɗauki sunan abin da ake gani a yi salati, ya sa shi a bangon littafin yara, ya mai da sama wurin da ake zuwa a gani. Kafin shi, hanyar fita daga duniyar mutane a rubutun zube na Hausa ta hannun aljannu take, kamar yadda muka gani a Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara, waɗanda gasar 1933 ta haifar. Dembo ya ɗaga kan mai karatu daga kogo da rijiya zuwa falaki.

Sai dai sauya hanya ba sauya matafiyi ba ne. Idan aka cire wa Kolin Koliyo sunansa, aikin aljani yake yi: shi ne mai abin hawa, shi ne masanin hanya. Kilba fasinja ne. Ana iya yi wa marubucin uzuri da zamaninsa, lokacin da jirgi da rediyo da allurar rigakafi duk daga waje suke zuwa. Amma uzuri ba ya goge darasin da tsarin labarin ke koyarwa, wato ilimi abu ne da baƙo ke riƙe da linzaminsa, rabon ɗan ƙasa kuwa kallo da mamaki.

Nauyin wannan ya ƙaru a yankinmu. A daren 11 ga Disamba, 2020, 'yan bindiga suka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga makarantar sakandaren kimiyya ta gwamnati da ke Ƙanƙara, suka kora su daji, ba a sako su ba sai bayan kwana shida. Yaran da aka tura su koyi yadda taurari ke tafiya su ne aka tafiyar cikin duhu. Tun daga nan, labarin baƙon da ya zo ya ɗauki yaro ba ya karantuwa a Ƙanƙara yadda yake karantuwa a 1969. A ƙauyukan da dandali ya mutu saboda tsoro, haske a sararin dare ba ya tuna wa yaro Zara. Tambayarsa ita ce ko fitilar babur ce.

Wani zai ce wannan dalili ne na ajiye littafin, tunda mai gudun ceton rai ba ya kallon sama. Ban yarda ba. Al'ummar da aka ƙwace wa dare ita ta fi bukatar wanda zai mayar mata da shi, kuma Dembo ya nuna cewa harshen Hausa yana iya ɗaukar falaki ba tare da ya yi tuntuɓe ba. Abin da ya rage bashi ne a kan marubutan Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa: su rubuta yaron da ya lissafa ranar dawowar tauraruwar da kansa, ya ƙera abin hawansa, ya fita da izinin iyayensa. Shekarar 2061 ba ta yi nisa ba. Ɗaliban da suka dawo daga dajin nan za su iya ganin ta da idonsu.