Masaƙar Lokaci ta shirin Loki: da me za a auna gudun lokaci?

Idan ba ka kalli zango na biyu na shirin Loki ba, wanda Marvel suka saki a Disney+ a watan Oktoban 2023, to ka sani zan tona maka ƙarshensa.

Labarin gaba ɗaya ya rataya ne a wuyan na'ura guda, Temporal Loom, wato Masaƙar Lokaci. Wai ɗanyen lokaci ne ke shigowa ta wannan baki a hargitse, ita kuma ta tace shi, ta saƙa, ya fito miƙaƙƙen zare guda. Da tarihi ya fara yin rassa barkatai, sai zaren ya fi ƙarfin bakin masaƙar, ta kama hanyar fashewa. Makanikin hukumar TVA, O.B., da wani mai ƙere-ƙere, Victor Timely, suka duƙufa neman dabarar faɗaɗa zobenta. A matsayin hoto, abin ya yi. Mutumin Gusau, garin auduga da masaƙar da ta daɗe a rufe, ba sai an yi masa bayanin yadda zare ke sarƙewa idan ya fi ƙarfin inji ba. Kana gani ka fahimci haɗarin.

Matsalar tana cikin aikin da aka ce na'urar tana yi. Ɗauki sitabilaizar da ka jona wa firij. Tana aiki ne saboda akwai ma'aunin da take dubawa: wuta ta yi ƙasa da bolt 220 ta ɗaga ta, ta yi sama ta sauke ta. Ruwan famfo ma idan ka ce ya yi gudu, lita nawa a minti kake nufi. To shi lokaci fa? Idan ka ce gudunsa ya rikice, sakan nawa a me? Dole sai ka nemo wani lokaci na biyu a waje da za ka auna na farkon da shi, shi ma na biyun ya buƙaci na uku. Shirin ya zille wa tambayar da cewa ita TVA a wajen lokaci take. Amma a cikinta mutane na gudu a baranda, ƙararrawa na kaɗawa, ana fargabar kada a makara. Ai wanda ke wajen lokaci ba ya makara.

Sannan ita kanta fiziks ba ta san wani kogin lokaci guda ɗaya da ke bi ta bututu ba. Tun daga ayyukan Einstein na 1905 da 1915 aka gane cewa kowane agogo da nasa lissafin, gwargwadon saurin tafiyarsa da ƙarfin jan ƙasa a inda yake. A 1971 Hafele da Keating suka ɗora agogunan atam a jirgin fasinja suka zaga duniya, sau ɗaya ta gabas, sau ɗaya ta yamma. Da suka dawo, agogunan sun saɓa da waɗanda aka bari a ƙasa: a tafiyar gabas sun yi baya, a ta yamma sun yi gaba, kamar yadda lissafi ya ce. Ko nan gida, da za ka ajiye agogo a kan Dutsen Kwatarkwashi a ƙaramar hukumar Bungudu, ka bar ɗan'uwansa a gindin dutsen, na saman zai fi sauri. Kowane mita 100 na tsawo yana ba da tazarar kusan sulusin kashi ɗaya cikin miliyan na sakan a shekara. Kaɗan ne ƙwarai, amma babu wanda ya lalace a cikinsu. Kowanne daidai yake. Wanne masaƙar za ta saita?

Abin da ya fi kama da wannan na'ura a zahiri ba lokaci yake gyarawa ba, agogunanmu yake sasantawa. Taurarin ɗan'adam na GPS, waɗanda taswirar wayarka ta dogara da su, suna sama da mu da kusan kilomita 20,000. Agogonsu na wuce namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan kowace rana, kuma da an bar shi haka, kuskuren wuri zai riƙa taruwa har kusan kilomita 10 a rana. Shi ya sa ake ɗan rage saurin agogon tun kafin a harba su. A garin Sebir kusa da Faris kuma akwai ofishin ma'aunai na duniya, BIPM, wanda ke karɓar bayanan agogunan atam sama da 400 daga ƙasashe daban-daban, ya auna tsaka-tsakinsu, ya fitar da sakamako wata-wata. Ka ga zaruruwa ɗaruruwa an murɗe su sun zama ɗaya ba tare da an yanke ko guda ba. Daga nan ne lokacin Najeriya ya samo asali, da ƙarin awa ɗaya. Yarjejeniya ce kawai: rana ba ta kaiwa tsaka a Gusau sai wajen sha biyu da rabi na agogo, domin an yanka mana lokacinmu ne a kan layin digiri 15 gabas, mu kuwa muna ƙasa da digiri 7.

Inda shirin ya burge ni shi ne kashi na ƙarshe. Loki ya shafe ɗaruruwan shekaru yana komawa baya yana koyon kimiyyar na'urar, har aka yi nasarar faɗaɗa zoben, amma ta sake tarwatsewa. Dalilin da aka bayar lissafi ne na gaskiya: rassan ba su da iyaka, kuma duk girman zobe yana da iyaka. Sai kuma asiri ya tonu cewa masaƙar tun asali wuƙa ce. An gina ta ne don in rassa sun yi yawa ta share su duka, ta bar tarihi guda, wanda mai ita ya zaɓa. A nan marubutan sun fi ƙarfi, don sun bar kwaikwayon fiziks sun koma tambayar da suka iya: wa ya ba mutum ɗaya ikon cewa rayuwar wasu kuskure ce da za a datse? Ina ma da tun kashi na biyu suka nufi can, maimakon ɓata mana awanni da sunayen kayan gyara marasa ma'ana.

Ko maganar mutane su warware su zama kamar taliya, aro ne daga ilimin baƙin rami na sararin samaniya, inda jan da ke ƙafarka ya fi na kanka nesa ba kusa ba har ya miƙe ka. Can akwai dalili. A shirin kuwa kyan gani ne kawai.

Daga ƙarshe Loki ya fasa masaƙar, ya tattara rassan da hannunsa, ya zauna a kujera suka zama bishiya, irin ta tatsuniyoyin mutanen arewacin Turai inda aka samo sunansa. Wannan ban yi masa gardama ba, don bai ce mini kimiyya ba ce.