Fim a Matsayin Shaidar Tarihi: Tarken Finafinan Girgizar Ƙasa ta San Faransisko

Ɗalibai sukan ɗauka cewa duk abin da kyamara ta ɗauka gaskiya ne tsantsa. Finafinan girgizar ƙasar da ta auka wa birnin San Faransisko na Amurka ranar 18 ga Afrilu, 1906 sun isa a gwada wannan zato da su. An ƙiyasta cewa mutane kusan 3,000 ne suka rasu, gobara kuma ta kwana uku tana ci. Amma ita girgizar da asuba ta zo, babu kyamarar da ta kama ta.

Fim ɗin da ya fi shahara shi ne A Trip Down Market Street na kamfanin Miles Brothers. Sun ɗaura kyamara a gaban taragon da ke jigilar fasinja cikin gari, ya bi titin Market da ita har tashar jiragen ruwa. An daɗe ana cewa a 1905 aka ɗauke shi. Sai daga baya manazarci David Kiehn ya bi diddigin lambobin motoci da ruwan saman da ya kwanta a titi da tallan jarida, ya nuna cewa kwanaki kaɗan kafin girgizar aka yi shi. Wato hoton kansa bai faɗi ranarsa ba, takardu ne suka faɗa.

Duk da haka, akwai shiri a cikinsa. Mai lura zai ga motoci ƙalilan ne ke kewayowa suna sake gilmawa gaban kyamara, har titin ya yi kamar ya cika da motoci. Wannan bai rage masa daraja ba, domin gine-ginen da fuskokin masu tafiya a ƙasa na gaske ne, kuma yawancin gine-ginen sun ƙone cikin makon.

Na kamfanin Biograph kuwa wani abu ne daban. An ƙera ƙaramin siffar birnin, aka cinna masa wuta, aka nuna wa jama'a a matsayin rahoto. Abin ban takaici, ya fi hotunan gaske ɗaukar hankali, tun da su kufai da toka da layin masu jiran abinci suka fi nunawa. Irin waɗannan hotunan kufai na Miles Brothers, masu tsawon minti tara, sun ɓace fiye da shekara ɗari, sai a 2017 aka tsince su a kasuwar gwanjo.