Kukan 'Yan Kallo a Wasan Ta'aziyya na Ƙasar Iran

Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce duba abin da ke sa 'yan kallo kuka a wasan Ta'aziyya, alhali kowannensu ya san ƙarshen labarin. Kalmar dai ita ce wadda Hausawa suka aro daga Larabci don gaisuwar mutuwa. A Iran kuwa suna ne na wasan kwaikwayon da 'yan Shi'a ke yi a watan Muharram, don tunawa da kisan Imam Husaini a Karbala a shekarar 680 Miladiyya. Wasan ya bunƙasa a ƙarni na 19, zamanin sarakunan Kajar.

Tsarin Wasan

Abin lura na farko shi ne, wasan ba ya ƙoƙarin ruɗin ido. Dandamalin yana tsakiyar jama'a, babu labule. Kwanon ruwa shi ne kogin Furatu, ƙaiƙayi kuwa rairayin sahara. Iyalan gidan Annabi (S.A.W.) na sa koren tufafi suna rera maganarsu, abokan gaba na sa ja suna magana da tsawa. Ɗan wasa kan riƙe takardarsa a hannu, mai shirya wasan kuma yana kai da kawowa a fili. Ana kiran sa Mu'inul Buka'i, wato mai taimakawa a yi kuka.

Bertolt Brecht, marubucin nan na Jamus, yana ganin cewa bayyana dabarun wasa a fili kan hana ɗan kallo nutsewa cikin tausayi. Ta'aziyya ta saɓa wa wannan ra'ayi, domin komai a bayyane yake, amma kukan bai ragu ba. Hatta mai fitowa a matsayin Shimru, makashin Husaini, akan gan shi yana hawaye.

A ganinmu, dalilin shi ne jama'ar ba baƙi ba ne a labarin. Suna zaune kewaye da Husaini kamar mutanen Kufa da suka gayyace shi, sannan suka ƙi taimakonsa. Kukan nasu nadama ce, kuma ibada ce da suke fatan samun ceto da ita. Bugu da ƙari, uwar da ta rasa ɗa, idan ta ga auren Ƙasimu ya rikiɗe ya zama makoki, takan sami damar kukan nata rashin a bainar jama'a.

Kammalawa

Saboda haka, manazarcin da ya auna Ta'aziyya da ma'aunin wasan Turai kaɗai zai ɗauki kukan a matsayin sakamakon wasan, alhali kuwa shi ne ginshiƙinsa.