Gida Cikin Mako Guda

A shekara ta 1920, wani ɗan wasan barkwanci na Amurka, Buster Keaton, ya fitar da gajeren fim mai suna One Week, wato mako guda. Fim ne marar magana, tsawonsa minti ashirin da 'yan kai. A wancan zamanin kamfanoni irin su Sears suna sayar da gidajen katako a yayyanke, mai saye ya harhaɗa da kansa.

Ga yadda labarin yake. Ango da amarya sun sami irin wannan gida gudummawar aure, kowane akwati da lambarsa, ga kuma takardar umurni. Sai wani da ya nemi amaryar bai samu ba ya sauya lambobin a ɓoye. Angon ya bi takarda sau da ƙafa, gida kuwa ya fito a karkace, har ƙofar bene tana buɗewa waje inda babu matakala. Ran Jumma'a hadiri ya taso, gida ya yi ta juyawa da baƙi a ciki. Daga baya suka gane ba a filinsu suka yi ginin ba. Garin jan gidan, ya maƙale a kan hanyar jirgin ƙasa. Jirgi na fari ya wuce ta gefe, suna ajiyar zuciya ke nan sai na biyu ya ragargaza shi.

Ƙarfin fim ɗin yana nan: angon ba rago ba ne, ba kuwa wawa ba. Biyayyarsa ga lambobi ita ta kā da shi. Duk wanda ya taɓa cika takardar ofis daidai, aka ce ya komo gobe, ya san wannan gajiya. Keaton ba ya murmushi, shi ya sa dariyar mai kallo take gauraye da tausayi.

Amma akwai rauni guda. Fim ɗin ya ɗora laifi a kan mugun mutum ɗaya, alhali kuwa gaggawa ce tushen wahalar. Wa ya ce dole a gama gida cikin kwana bakwai? Sauri ya haifi nawa.

Duk da haka ƙarshensa ya yi daidai. Angon ya kafa alamar sayarwa a kan tarkacen, ya ajiye takardar umurnin a wurin, ya kama hannun matarsa suka tafi. Katako ya watse, amma auren yana nan.